Ƙafar Yaro da Harafin P

 

Yau zancen ƙafa za mu yi: ƙafar yaro wadda ta karye, aka ɗora, ta haɗe a karkace. Za mu yi kuma zancen yadda ma'aikatan likita suke rubuta wannan ciwo da haruffa da lambobi. Aikina koyar da manya karatu da rubutu. Shi ya sa duk inda na ga harafi ina son in ji abin da yake faɗi. Na zauna da ma'aikatan likita, na yi tambaya, sun buɗe mani littafinsu. Matambayi ba ya ɓata. Abin da na samo, ga shi na kawo maka. Ka karanta sannu sannu. In ka gaji ka aje, gobe ka ɗauka.

Ƙashin yaro dabam yake

Ɗan'uwa, dubi ƙafarka daga diddige zuwa yatsu. Ƙasusuwa 26 ne a ciki. Guda 7 suna baya, wajen diddige da ƙarƙashin idon ƙafa. Guda 5 dogaye ne, suna kwance tsakiyar ƙafa, kowane ya nufi yatsanshi. Guda 14 suna cikin yatsu: babban yatsa yana da 2, sauran kowane yana da 3.

Naka sun gama girma, sun ƙafe. Na yaro ba su gama ba. Kusa da kan kowane dogon ƙashi na yaro akwai wani siririn faifai na guringuntsi. Ka san guringuntsi, kana tauna shi a kan ƙashin ɗan akuya. To, daga wannan faifai ne ƙashi yake ƙara tsawo. Mu kira shi guringuntsin girma.

Kai manomi ne, ka san zuciyar hatsi. In tsutsa ta ci ganye, hatsi yana sake wani. In ta shiga kara ta ci zuciya, wannan kara ya gama, ba zai fid da kai ba. Guringuntsin girma shi ne zuciyar ƙashi. Kuma shi ne wuri mafi taushi a gaɓar yaro. Jijiyoyin da suka ɗaure gaɓa sun fi shi ƙarfi. Don haka faɗuwar da za ta ba babba targaɗe, sau da yawa karaya take ba yaro, daidai kan wannan guringuntsi.

Ka riƙe wannan da kyau. In an ce maka: “Targaɗe ne kawai, a ja a murza,” ka tuna shekarun mai ƙafar.

Guringuntsin yana rufewa ya zama ƙashi sa'ad da girma ya ƙare. Ga ƴan mata, wajen shekara 13 zuwa 15. Ga samari, wajen shekara 15 zuwa 17. Kafin nan, ƙafar yaro gona ce mai shuka a ciki.

Karaya iri 5

A shekarar 1963, wasu lokotoro biyu na birnin Toronto, ƙasar Kanada, suka rarraba wannan karaya iri 5. Sunansu Salta da Haris. A takarda ana rubutawa haka: Salter-Harris. Har yau da rabonsu ake aiki, a Yamai, a Faransa, a Amurka.

Iri na 1: tsagar ta bi guringuntsin a kwance, ta raba kan ƙashi da gorarshi. Sau da yawa ba a ganinta a hoto.

Iri na 2: ta bi guringuntsin, sannan ta karkata cikin gorar ƙashi, ta ɓalle ɗan guntu. Wannan ya fi kowane yawa. Cikin karaya 4, wajen 3 irinshi ne. Yakan warke lafiya in an gyara shi da wuri.

Iri na 3: ta bi guringuntsin, sannan ta ratsa kan ƙashi ta faɗa cikin gaɓa.

Iri na 4: ta ratsa duka, daga gora, ta tsaga guringuntsi, ta fita ta kan ƙashi.

Iri na 5: guringuntsin ya murƙushe, kamar an taka danƙo. Ba shi da yawa, amma shi ne mugu. Sau da yawa ba a gane shi sai daga baya, in an ga ƙashin ya daina tsawo.

Mafi yawan lokaci, in lamba ta ƙaru, haɗari ya ƙaru. Na 3 da na 4 sun shiga gaɓa. In ba a mai da su daidai wa daida ba, gaɓar za ta yi ta ciwo har tsufa. Wani lokaci sai an yi aiki, an kafa ɗan siririn ƙarfe ya riƙe.

Hannu ba ya iya bambanta waɗannan iri 5, ko hannun wa. Sai hoton ƙashi, wanda muke ce ma radiyo. Shi ma hoton ba ya nuna guringuntsi, sai dai ɗan fili baƙi tsakanin ƙashi da ƙashi. Shi ya sa wani lokaci lokotoro yakan ɗauki hoton ƙafa mai lafiya, ya gwada ta da mai ciwo. Kada ka ce ɓarnar kuɗi ce.

Tuntuɓen babban yatsa

Akwai wata karaya da nake so ka sani, don yaranmu da yawa ba takalmi suke yawo. Yaro yana gudu, ko yana buga ƙwallo, sai ya yi tuntuɓe da dutse ko kututture. Babban yatsa ya tanƙware ƙasa da ƙarfi. Ka duba, ka ga jini yana fitowa daga gindin akaifa, inda fata ta rufe ta.

Mukan ce akaifa ce kawai, a zuba toka ko ƙasa, a ɗaure da tsumma. Amma guringuntsin girma na wannan yatsa yana kwance dab da gindin akaifa. In jini ya fito nan bayan tuntuɓe mai ƙarfi, kuma yatsan ya kumbura, mai yiwuwa ƙashin ya buɗe, ƙofa ta samu daga waje har cikinshi. Datti ya shiga. Bayan kwanaki sai zazzaɓi, sai mugunya. Ciwon ya kama ƙashi, ya ci guringuntsin.

Irin wannan, a wanke da sabulu da ruwa mai tsabta, a rufe da ƙyalle mai tsabta, a kai yaro likita ran nan. Kada a zuba ƙasa, ko toka, ko kashin shanu. Ta nan ne tetanos yake shiga, ciwon nan mai sandarar da jiki ya ƙulle haƙora.

Yadda ɗori yake ɓaci

Ƙashin yaro yana haɗewa da sauri. Cikin mako 3 zuwa 6 ya kama. Wannan alheri ne, amma yana da sharaɗi. Ƙashi yadda ya samu kanshi haka yake haɗewa. In a miƙe yake, ya haɗe a miƙe. In a karkace yake, ya haɗe a karkace. Lokotoro sun ce gyaran karayar guringuntsi cikin kwana 7 zuwa 10 na farko ake yi. In an wuce nan, jan ƙashin da ƙarfi yana iya ƙara ɓata guringuntsin. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Ɓacin ɗori iri iri ne. Wani ƙashi yana jinkiri, amma a ƙarshe ya haɗe. Wani ya ƙi haɗewa sam. Wani ya haɗe a karkace. Akwai kuma wanda ya haɗe a miƙe, amma guringuntsin ya mutu. In duka ya mutu, ƙashin ya tsaya gajere, ƴan'uwanshi su wuce shi. In gefe guda ya mutu, ɗayan gefen ya ci gaba da girma, yatsa ya yi ta karkata kowace shekara.

Gaskiya ne, ƙashin ƙaramin yaro yakan gyara ƴar karkata da kanshi yayin da yake girma. Amma ba kowace ba. In ƙashin ya murɗe, murɗar ba ta warwarewa. Kuma yaron da ya kusa gama girma ba shi da sauran lokacin gyara.

Bari in ba ka labarin abin da na gani da idona. Wani ɗalibina, magidanci, yana da ɗa mai shekara 9 ko 10. Lokacin jidar dammuna, ƙafar amalanke ta bi ta kan ƙafar yaron ta hagu. Aka kai shi wajen maɗorin garin. Dattijon kirki ne, ya ɗora mutane da yawa sun tashi. Ya ja, ya shafa magani, ya sa karare, ya ɗaure. Kafin wata ya cika yaro yana takawa. Kowa ya yi hamdala.

Damina 2 suka wuce. Uwar ce ta fara lura. Ta ce takalmin hagu yana cinyewa gefe guda. Aka duba, babban yatsa ya gajarce, ya karkata, kanta ta fito a gefen tafin ƙafa. Lakwal ɗinsu tana wani gari, tafiyar kusan awa guda. Yaro ya fara fashi. Uban ya ɗauka ƙiwuya ce, har ya yi mashi faɗa. Ashe ciwo ne.

Na raka su babbar likita, don in karanta masu takardu. Lokotoro ya yi tambaya: “Yaushe abin ya faru? Wane wata? Shekarar yaro nawa a lokacin? Fata ta fashe? Kwana nawa ɗorin ya yi?” Uban ya ce shekarar da rijiyar gari ta rufta. Uwar ta ce a'a, shekarar auren ƙanwarta ce. Suka yi ta gardama. Babu wanda ya yi ƙarya cikinsu. Kai ne ba ya riƙe komi da komi.

Aka yi hoto. Lokotoro ya nuna mamu dogon ƙashin da ya nufi babban yatsa. Shi wannan, guringuntsinshi yana gindi, wajen tsakiyar ƙafa, sauran 4 nasu yana kai, wajen yatsu. Daidai nan amalanke ya taka. Ƙashin ya haɗe a karkace, gefen guringuntsin kuma ya rufe. Ya rubuta kalmomi 2 na Faransanci cikin karnen yaro: cal vicieux. Ma'anarsu, ɗorin da ya haɗe ba daidai ba.

An yi ma yaron aiki daga baya. An yanke ƙashin, an miƙe shi, an sa simintin likita. Uban ya sai da tumaki 2 da rabin waken shekara. Yaron yana tafiya, ya koma lakwal. Amma yatsan bai cim ma ɗan'uwanshi ba, kuma ba zai cim mashi ba.

Ban kawo wannan labari don in zagi maɗori ba. Maɗora sun yi ma ƙasar nan aiki tun kafin a gina likita ta farko. Ko a hannun lokotoro, guringuntsin da ya murƙushe yana iya mutuwa. Amma maɗori ba ya ganin cikin ƙafa. Maɗori mai hankali shi da kanshi zai ce maka: “Wannan ta yaro ce, kusa da gaɓa, ku je a yi hoto tukuna.”

Littafin lambobi

Ran da muka je likitar, na ga wani ma'aikaci yana juya abin da lokotoro ya rubuta zuwa harafi da lamba. Na tambaye shi. Ga abin da na koya daga gare shi da wasunshi.

Ciwo ɗaya yana da suna da yawa. Bahaushe ya ce karaya. Bazabarme yana da nashi suna, Bafaranshe da nashi, Balarabe da nashi. In ana son a ƙidaya masu ciwo a duniya duka, sai an samu suna guda wanda kowa zai gane. Shi ne aka ba kowane ciwo lamba, kamar yadda kowace mota take da lamba.

A 1893, wani Bafaranshe mai suna Jak Bartiyon, shugaban ƙididdiga na birnin Paris, ya tsara jerin abubuwan da suke kashe mutane. Ƙasashe suka karɓa, suna gyara shi lokaci lokaci. A 1948, Ƙungiyar Lafiya ta Duniya, OMS, ta ɗauki nauyin littafin. Daga nan aka sa ciwo da rauni ciki, har waɗanda ba su kisa. Da Faransanci ana ce mashi CIM. An amince da gyara na 10 a 1990, aka fara aiki da shi a 1994. An amince da na 11 a 2019, ya fara aiki a watan Janairu na 2022. Ƙasashe suna komawa kanshi sannu sannu.

Cikin gyara na 10, karayar ƙafa daga diddige zuwa yatsu ita ce S92. Ɗorin da ya haɗe a karkace M84.0. Wanda ya ƙi haɗewa M84.1. Guringuntsin da ya daina girma M89.1.

Mutanen Amurka ba su tsaya nan ba. Sun ɗauki gyara na 10, sun faɗaɗa shi don amfanin ƙasarsu. Sun fara aiki da nasu ran 1 ga Oktoba 2015. Lambobinsu yanzu sun haura dubu 70. A Oktoba 2016 suka ƙara lambobi na musamman don karayar guringuntsin girma a ƙafa: na diddige, na dogayen ƙasusuwan tsakiya, da na yatsu.

Me ya sa suka yi wannan wahala? Kuɗi na ciki. Can, yawancin mutane kamfanin asiransi ne ko gwamnati suke biya masu magani. Likita ta aika lamba, mai biya ya duba lamba, sannan ya biya. In lamba ta yi kuskure, kuɗi ya tsaya. Har akwai mutanen da sana'arsu ke nan: su karanta abin da lokotoro ya rubuta, su fid da lambar da ta dace.

Mu karanta lamba ɗaya tare

Ɗauko allonka ko kayenka. Rubuta wannan, irin ta Amurka ce:

S99.121P

Ƙidaya su, ban da ɗigon. Guda 7 ne. Mu bi su ɗaya ɗaya, kamar yadda muke yi a aji.

S: rauni ne. Wani abu ya buge, ko ya taka, ko an faɗi.

99: raunin yana idon ƙafa ko ƙafa.

1 na bayan ɗigo: guringuntsin girma ne ya karye, a dogon ƙashin tsakiyar ƙafa. Da 0 ne, da diddige ne. Da 2 ne, da yatsa ne.

2: iri na 2 ne cikin rabon Salta da Haris. In lokotoro bai faɗi iri ba, sai a sa 0.

1 na ƙarshe: ƙafar dama. Ta hagu 2 ce. In ba a rubuta wace ƙafa ba, sai a sa 9.

Saura harafin ƙarshe. Wannan ba ya cikin baƙaƙen Hausa da muka koya. Kamar babban B yake, wanda cikinshi na ƙasa ya ɓace. Ana ce mashi “pe”. Harafin ƙarshe shi ne mai ba da labarin yadda warkewa take tafiya. Guda 7 ne ake zaɓa daga cikinsu:

A: ana cikin maganin farko, fata ba ta fashe ba.
B: ana cikin maganin farko, fata ta fashe har ƙashi.
D: an komo dubawa, ƙashi yana haɗewa lafiya.
G: an komo, ƙashi yana jinkiri.
K: an komo, ƙashi ya ƙi haɗewa.
P: an komo, ƙashi ya haɗe a karkace.
S: karaya ta wuce, amma ta bar illa.

Yanzu karanta lambar gaba ɗaya. Tana cewa: “Yaro ya karye a guringuntsin dogon ƙashin ƙafar dama, iri na 2, an komo da shi, an tarar ya haɗe a karkace.” Ka gani? Zance mai tsawo ya shiga cikin baƙaƙe 7. Kuma kai, da ka fara riƙe alli bara ko bana, ka karanta shi.

Dubi tsakanin D da P. A takarda harafi ɗaya ne ya bambanta su. A ƙasa, ɗaya yaro ne mai gudu bayan awaki, ɗaya yaro ne mai zama gindin icce yana kallo. Sau da yawa abin da ya raba su kwana 10 na farko ne.

Ina ruwanmu?

Za ka ce: “Malam, wannan na Amurka ne. Ni ina ruwana?” Gaskiyarka, da wuya ka ga P cikin karnen ɗanka. Namu ma'aikata da kalmomin Faransanci suka fi rubutawa. Amma ka lura da abu guda. Mai sa lamba ba ya ƙaga komi. Abin da lokotoro ya rubuta yake juyawa. Lokotoro kuma rabin abin da ya rubuta daga bakinka ya ji shi. Lambar nan tambayoyi ne aka jera: Me ya faru? Ina? Wane iri? Wace ƙafa? Farko ne ko komowa? Yaya ya warke? Su ne tambayoyin da aka yi ma ɗalibina. Su za a yi maka, a Maradi, a Damagaram, a Tawa, ko a Galmi.

Akwai kuma zancen ƙidaya. A likitar ƙauye, majo yana cika rajista, duk wata ya aika rahoto sama. Daga waɗannan rahotanni ne manya suke ganin ciwon da ya yi yawa, su san inda za a kai magani da ma'aikata da na'urar hoto. Yaron da ya karye aka ɗora a zaure, babu inda aka rubuta shi. In an tara lissafi, sai a ga kamar yaran ƙauye ba su karyewa. Mu kuwa mun san suna karyewa: daga kan jaki, daga kan icce, bakin rijiya, ƙarƙashin amalanke. Abin da ba a ƙidaya ba, ba a yi mashi tanadi.

Ka san kuma akwai inda ake gyaran ƙafar da ta riga ta karkace. Manyan likitocin ƙasa suna da masu aikin ƙashi. A Yamai, a 2010, an buɗe wata likita ta yara mai suna CURE don irin wannan aiki. Amma hanya daga ƙasa take farawa. Majon likitarku shi zai ba ka takarda zuwa ta gaba.

Abin da za ka yi

In yaro ya faɗi ko an taka shi, ka duba. Ba ya iya taka ƙafar? Ta kumbura kusa da gaɓa? In ka danna kan ƙashi wuri guda ya yi ƙara? Yatsa ya kauce daga layinshi? To, ka ɗauke ta karaya ce har sai an tabbatar ba ita ba ce. Kada a ja, kada a murza. A tallafe ƙafar da kwali da ƙyalle, sako-sako. A ɗaga ta sama. A ɗauki yaro, kada ya taka. A kai shi likita ran nan ko wanshekare.

In an riga an ɗaure, ko maɗori ne ko likita, ka bar idonka kan yatsu. In sun yi sanyi, ko sun canza launi, ko yaro ya daina jin taɓawa, ko ciwo yana ƙaruwa har ya hana barci, ɗaurin ya yi tsanani. Jini ba ya wucewa. In ɗaurin karare ne, a sassauta shi nan take. Ko wane iri ne, a tafi likita ko da tsakar dare. Awoyi kaɗan sun isa nama ya mutu, har a kai ga yanke ƙafa.

Sannan ka ɗauki bik. Ka buɗe kaye, ka rubuta da Hausarka, kamar haka:

Rana: 14 ga Nuwamba, da shekarar.
Shekarun yaro: 9.
Ƙafa: hagu.
Wuri: tsakiya, wajen babban yatsa.
Abin da ya faru: amalanke ya taka.
Jini: bai fito ba.
Ɗori: an sa ran 14, an kwance ran 10 ga Disamba.

Layi 7 ke nan, kamar baƙaƙen lambar nan 7. Ko rubutunka ya karkace, ba komi. Ana karantawa.

Ki aje karne da hoton ƙashi cikin leda, ƴar'uwa, ki sa cikin akwati ko kwalla mai murfi, inda gara da ruwa ba su kaiwa. Hoton farko yana da daraja ƙwarai. Da shi lokotoro zai gwada na baya, ya ga ko ƙashin yana gyaruwa ko yana ƙara karkata. In an ba ku ranar komowa, ku koma, ko yaro yana tsalle. Mutuwar guringuntsi ba ta nuna kanta sai bayan watanni, ko shekara, ko fiye.

Ga wata dabara mai sauƙi. In an kwance ɗori, ka tsai da yaro kan takarda ko kwali. Ka zagaye ƙafafunshi duka biyu da bik. Ka rubuta rana. Bayan wata 3 ka sake, bayan wasu 3 ka sake, har shekara 2. In ka ga ɗaya tana ƙaruwa ɗaya ta tsaya, ko yatsa yana barin wurinshi, ka ɗauki takardun da yaron ku tafi likita. Gyara tun karkata tana ƙarama ya fi sauƙi, ya fi araha.

Kafin in aje alƙalami, ga aiki na bar maku. In kun taru a aji, ku ƙidaya yaran garinku da suka karye cikin shekara 2 da suka wuce. Kada ku rubuta suna, ku rubuta shekaru da wurin karaya. Nawa aka kai likita? Nawa suka warke a miƙe? Nawa suke ɗingishi? Ku kai ma majo lissafin. Ku gayyaci maɗorin garinku shi ma ya zauna, ku karanta mashi wannan shafi, ku ji abin da zai ce. Ya ga ƙafafu da yawa, kuma shi ma yana da jikoki.

Allah ya tsare mamu yaranmu, ya raya su da ƙafafunsu a miƙe. Amin. Sai wani jiƙon.